Mori Arinori: Ministan da ya ɗora ilimin Japan a kan malami

Ranar 22 ga Disamba, 1885, Japan ta kafa majalisar ministoci irin ta zamani a karon farko, ƙarƙashin Firaminista Ito Hirobumi. Cikin waɗanda aka naɗa akwai wani tsohon jakada mai shekara 38, Mori Arinori, wanda aka damƙa wa ma'aikatar ilimi. Shekara uku da 'yan makonni kacal ya yi a kan kujerar, amma matakalar da ya kafa daga firamare zuwa jami'a ita ƙasar ta yi ta hawa har ƙarshen Yaƙin Duniya na Biyu. Ya tarar da tsari mai ƙayatarwa a takarda wanda ba shi da malamai, ba shi da kuɗi. Sai ya rage burin ya yi daidai da aljihun ƙasa, ya karkata ɗan abin da ke hannu wajen horon malamai. Wannan zaɓi ya ciyar da Japan gaba ƙwarai, ya kuma bar baya da ƙura.

Ɗan Satsuma a Landan

An haifi Mori a 1847 a birnin Kagoshima, hedikwatar yankin Satsuma da ke kudancin Japan, a gidan samurai, wato mayaƙan gado waɗanda mulki da takobi ke hannunsu a wancan zamani. Japan ta shafe fiye da shekara 200 tana taƙaita hulɗa da ƙasashen waje, kuma gwamnatin soja ta shogun ta haramta wa 'yan ƙasa fita. A watan Agustan 1863 jiragen yaƙin Birtaniya suka yi wa Kagoshima ruwan wuta, suka ƙone wani babban yanki na birnin. Shugabannin Satsuma suka gane cewa jarumta ba ta maganin igwa. Suka buɗe makarantar koyon ilimin Turai, inda Mori ya shiga, sannan a 1865 suka fitar da tawagar mutum 19 zuwa Ingila a ɓoye, kowa da sunan aro. Mori na cikinsu, bai cika shekara 18 ba.

A Landan ya karanta lissafi da kimiyya. A 1867 ya tsallaka Amurka, ya zauna a jihar New York cikin almajiran wani mai wa'azi, Thomas Lake Harris, waɗanda ke rayuwar haɗin gwiwa ta noma da aikin ƙarfi da tsananin biyayya ga jagora. Ɗan samurai da bai saba aikin hannu ba ya shafe kusan shekara guda yana bautar gona da gida. Masu nazarin rayuwarsa da dama suna ganin a nan ne ya samo aƙidar da ya riƙe har mutuwarsa, cewa ta hanyar horar da jiki ake gyara hali.

Ya koma gida a 1868, ya tarar mulkin shogun ya faɗi, an kafa sabuwar gwamnati da sunan Sarki Meiji. Aka ba shi muƙami nan take, domin masu jin Turanci ba su da yawa. A 1869 ya gabatar wa majalisar shawara ta lokacin ƙudurin cewa samurai su daina yawo da takubba. Majalisar, wadda samurai ne suka cika ta, ta yi watsi da ƙudurin baki ɗaya, aka yi masa barazanar kisa, ya rasa muƙaminsa, ya koma Kagoshima yana koyar da Turanci. Shekara bakwai bayan haka, a 1876, gwamnati ta haramta ɗaukar takobin da kanta. Haka Mori ya kasance tsawon rayuwarsa: yakan hango inda ƙasa ta dosa, amma ba ya da haƙurin lallashin mutane kafin ya faɗa.

Jakada mai tambayar malamai

Ba a daɗe ba gwamnati ta sake kiransa, ta tura shi Washington a matsayin wakilin Japan na farko mai zaman dindindin a Amurka. Ya isa a 1871 yana da shekara 23. Ban da aikin jakadanci, shi ne mai kula da ɗaliban Japan da ke can, har da 'yan mata biyar da tawagar Iwakura ta zo da su. Ƙaramarsu, Tsuda Umeko, a gidan sakataren Mori, Charles Lanman, ta girma, kuma ita ce daga baya ta kafa kwalejin mata da ta zama Jami'ar Tsuda.

A 1872 Mori ya rubuta wa fitattun masana da shugabannin jami'o'in Amurka wasiƙa, yana tambayarsu irin tasirin da ilimi ke yi ga arzikin ƙasa da noma da kasuwanci da ɗabi'a da dokoki. Ya tattara amsoshin ya buga su a littafi a 1873. Amsar David Murray na Kwalejin Rutgers ce ta fi ɗaukar hankali, har gwamnatin Japan ta ɗauke shi aikin ba ma'aikatar ilimi shawara na tsawon shekaru. A wannan zama ne kuma Mori ya yi rubutu yana kare 'yancin addini, a daidai lokacin da Kiristanci ke haramce a ƙasarsa. Ya kuma rubuta wa masanin harshe William Dwight Whitney na Yale yana neman ra'ayinsa kan Japan ta ɗauki wani sauƙaƙaƙƙen Turanci a matsayin harshen ilimi da hulɗa. Whitney ya gargaɗe shi cewa yin haka zai raba 'yan boko ƙalilan da sauran jama'a, kuma ilimin talaka sai da harshensa. Shawarar ta mutu a nan, amma abokan gaban Mori ba su taɓa mantawa da ita ba.

Da ya dawo Tokyo a 1873, ya jagoranci kafa ƙungiyar masana ta Meirokusha, tare da irin su Fukuzawa Yukichi. Mujallar ƙungiyar ta yi ta tattauna addini da mulki da matsayin mata, har ta daina fita a 1875 bayan gwamnati ta ƙaƙaba dokokin taƙaita 'yan jarida. A cikinta Mori ya soki al'adar manya ta ajiye ƙwaraƙwarai, kuma da ya tashi aure a 1875 sai ya yi shi da rubutacciyar yarjejeniya tsakaninsa da amaryarsa, Fukuzawa ya zama shaida. A shekarar ce kuma ya kafa wata ƙaramar makarantar koyon kasuwanci, wadda a yau ta zama Jami'ar Hitotsubashi. Daga nan aka tura shi jakada ƙasar Sin, sannan Birtaniya. A 1882 ya haɗu da Ito Hirobumi a birnin Paris, lokacin da Ito ke zagayen Turai yana nazarin kundin tsarin mulki. Suka tattauna ilimi mai tsawo, ra'ayinsu ya zo ɗaya cewa kundin tsarin mulki ba zai yi aiki ba sai da 'yan ƙasa da aka horar domin riƙe shi. Ito ya ajiye Mori a ransa.

Tsarin da ya fi ƙarfin aljihu

Kafin a fahimci aikin Mori sai an dubi abin da ya gada. An kafa ma'aikatar ilimi a 1871, kuma a 1872 ta fitar da tsarin ilimi na ƙasa baki ɗaya, wanda ya ɗauko salon Faransa na tattara iko a tsakiya. Aka raba ƙasar zuwa shiyyoyin jami'a takwas, kowace shiyya da gundumomin sakandare 32, kowace gunduma da makarantun firamare 210. Jimilla ke nan jami'o'i takwas, sakandare 256, firamare 53,760. Tsarin ya yi kira da kada a bar gida ko ɗaya da jahili a cikinsa, namiji ko mace.

Lissafin ya fita daidai a ofis. A ƙauye kuwa, nauyin gina makaranta da biyan malami ya faɗo ne a kan mazauna gari, ga kuma kuɗin makaranta da iyaye za su biya kowane wata, ga asarar hannun yaron da ke taya aikin gona. Wannan ya zo daidai da sabon harajin filaye da dokar ɗaukar soja ta dole. A 1873 manoma suka yi bore a wurare da dama a yammacin ƙasar, suka rushe ko suka ƙone makarantu masu yawa. Duk da haka, cikin 'yan shekaru an buɗe firamare fiye da 20,000, sai dai mafi yawansu a ɗakunan ibada na addinin Buddha da gidajen haya suke, malamansu kuma tsofaffin malaman makarantun gargajiya ne waɗanda ba su san sabuwar manhaja ba. Jami'a kuwa ɗaya tak aka iya kafawa, ta Tokyo, a 1877.

A 1879 gwamnati ta juya zuwa salon Amurka, ta sakar wa garuruwa ragamar makarantunsu, ta rage karatun dole zuwa wata 16 kacal. Wasu garuruwa suka ɗauki hakan a matsayin izinin rufe makaranta. A 1880 aka sake juyawa, aka mayar da iko hannun gwamnonin larduna. A 1881 gwamnatin tsakiya ta janye tallafin da take bai wa firamare, sannan matakan tsuke bakin aljihu na ministan kuɗi Matsukata suka karya farashin shinkafa, suka talauta karkara. An sauya alƙibla sau uku cikin shekara tara, kuma lokacin da Mori ya karɓi ma'aikatar, yaran da ke rajista a makaranta ba su wuce kusan rabin waɗanda suka isa shiga ba. 'Yan mata sun fi kowa zama a baya.

Naɗin nasa ma sai da aka kai ruwa rana. Motoda Nagazane, malamin Sarki kuma jigon masu bin koyarwar Confucius a fada, ya yi adawa da shi, yana zarginsa da karkata ga Kiristanci. Ito ya tsaya kai da fata har naɗin ya tabbata.

Dokoki huɗu na 1886

Mori bai sake rubuta wata babbar doka guda mai ɗauke da komai ba. A watannin Maris da Afrilun 1886 ya fitar da dokoki huɗu gajeru: ta jami'a, ta kwalejojin horon malamai, ta sakandare da ta firamare. Amfanin rarrabawar shi ne ana iya gyara mataki ɗaya ba tare da an rushe sauran ba, abin da ya kawo ƙarshen rushe-ginan da aka saba.

Dokar firamare ta raba karatun gida biyu, shekara huɗu na farko da shekara huɗu na gaba, ta kuma bayyana ƙarara cewa wajibi ne iyaye su ga 'ya'yansu sun kammala huɗun farko. Da yake baitulmali ba shi da ƙarfi, kuɗin makaranta da gudummawar jama'a ne aka sa su zama ginshiƙin gudanarwa. Ga yankunan da talauci ya yi wa katutu, aka amince da gajeren kwas na 'yan sa'o'i a rana wanda ƙaramar hukuma ke ɗaukar nauyinsa. Wannan kwas bai samu karɓuwa yadda Mori ya so ba, domin iyaye sun ɗauke shi makarantar matalauta, suka guje shi.

A sakandare ya taƙaita buri. Kowane lardi zai riƙe makaranta ɗaya kawai da kuɗin gwamnati, mai shekara biyar. Sama da su akwai manyan sakandare biyar na gwamnatin tsakiya, masu share fagen shiga jami'a, waɗanda suka zauna a Tokyo da Sendai da Kyoto da Kanazawa da Kumamoto. A ƙololuwa sai Jami'ar Tokyo, wadda aka sake wa suna Jami'ar Daula, da tsangayoyi biyar: shari'a, likitanci, injiniyanci, adabi da kimiyya. Dokar ta fito fili ta ce aikin jami'ar shi ne koyarwa da bincike a fannonin da ƙasa ke buƙata. A 1887 aka kafa jarrabawar shiga manyan muƙaman aikin gwamnati, aka kuma ɗauke wa waɗanda suka gama tsangayar shari'a da ta adabi rubuta ta. An soke wannan gata a 1893, amma hanyar da ta haɗa tsangayar shari'a ta Tokyo da manyan kujerun ma'aikatu ta riga ta kafu, kuma har yau tana nan.

Mori ya bambanta abu biyu. A ganinsa bincike mai zurfi na manya ne ƙalilan, kuma ana iya sakar musu mara su yi tunani. Tarbiyyar makaranta kuwa ta kowa ce, kuma hukuma ce za ta tsara ta domin samar da 'yan ƙasa masu biyayya da kishi. A kan haka ya kafa tsarin da ke buƙatar ma'aikata ta tantance littafi kafin a shigar da shi aji, ya kuma ƙarfafa masu zagayen duba makarantu. Shi kansa bai zauna a ofis ba. Ya yi ta rangadin larduna, yana shiga azuzuwa, yana yi wa malamai da jami'an ƙananan hukumomi jawabi kan tattalin kuɗi da lokaci.

Kwalejin malamai kamar barikin soja

Inda Mori ya fi zuba ƙarfinsa shi ne horon malamai. 'Yan kwanaki kafin naɗinsa, a wani jawabi a kwalejin malamai ta Saitama, ya nuna cewa idan aka gyara horon malamai to an gama kashi tara cikin goma na aikin ilimin jama'a, kuma kuɗi da kayan aiki ba su da amfani a hannun malamin da bai cancanta ba. Dokarsa ta sa kowane lardi ya riƙe kwalejin horon malamai guda, ta kuma kafa babbar kwaleji a Tokyo mai horar da waɗanda za su koyar a kwalejojin larduna. Hukuma ce ke ɗaukar nauyin ɗalibi gaba ɗaya, abinci da sutura da wurin kwana. Shi kuma idan ya gama, sai ya yi aikin koyarwa na dole, shekara goma ga maza, biyar ga mata. Wannan ya buɗe ƙofa ga haziƙan 'ya'yan manoma da na talakawan samurai waɗanda ba su da halin shiga sakandare.

Dokar ta zayyana halaye uku da ake so a dasa wa malami: biyayya, amana da ƙaunar abokan aiki, da kwarjini. Hanyar dasa su, a wajen Mori, ita ce faretin soja. Ɗalibai suka koma kwana a ɗakuna masu tsarin bariki, da kaki, da atisayen bindiga, da bin umarnin na gaba. Ya roƙi rundunar soja ta ba shi hafsa mai ci, Yamakawa Hiroshi, ya naɗa shi shugaban babbar kwalejin Tokyo. Mori ya sha bayyana cewa manufarsa gina hali ce, ba shirya yaƙi ba. Yana ganin mutanen ƙasarsa sun saba da zaman jiran umarnin ubangida na yanki, kuma yana son ya mayar da biyayyarsu ga ƙasa. Saboda haka ne ma ya ƙarfafa bukukuwan ranakun ƙasa a makarantu da raba musu hoton Sarki. Sai dai bai yarda a mayar da darasin ɗabi'a haddar littattafan Confucius ba, kuma wannan ya ƙara nisa tsakaninsa da mutanen fada.

Labulen Ise

A ƙarshen 1887 Mori ya ziyarci wurin bauta na Ise, mafi tsarki a addinin Shinto. Daga baya jita-jita ta bazu, jaridu suka ɗauka, cewa wani minista ya shiga da takalmi, ya kuma ɗaga labulen haramin da sandarsa. Na kusa da shi sun musanta, kuma ba a taɓa tabbatar da labarin ba. Amma mutumin da ya nemi a ajiye takobi, ya kare Kiristoci, ya yi tunanin ɗaukar Turanci, ba shi da masu yi masa kyakkyawan zato.

Safiyar 11 ga Fabrairu, 1889, ranar da Sarki zai ƙaddamar da kundin tsarin mulki, Mori yana shirin fita zuwa fada cikin kayan biki sai wani matashi, Nishino Buntaro, ya zo gidansa da sunan kawo labarin wata maƙarƙashiya. Da ministan ya fito, sai ya daɓa masa wuƙar yankan kifi a ciki. Mai tsaron ministan ya kashe maharin nan take, aka kuma sami takarda a jikinsa da ke danganta aikin da abin da aka ce ya faru a Ise. Mori ya rasu washegari yana da shekara 41. Jama'a da yawa suka riƙa ziyartar kabarin wanda ya kashe shi suna ajiye furanni, abin da ya nuna yadda tazara ta yi nisa tsakanin ministan da mutanen da yake wa aiki.

Abin da ya biyo baya

A watan Oktoban 1890 Sarki ya fitar da sanarwarsa kan ilimi, wadda Motoda, tsohon abokin hamayyar Mori, ke cikin waɗanda suka tsara ta. Ta ɗora tarbiyya a kan biyayya ga iyaye da sadaukar da kai ga Sarki, aka wajabta karanta ta a bukukuwan makarantu. Ginin na Mori ne, amma abin da aka zuba a ciki na waɗanda suka yi adawa da shi ne. Malaman da aka horar kan bin umarni ba tare da tambaya ba su ne suka isar da saƙon ga kowane aji. A 1903, bayan wata badaƙalar cin hanci tsakanin masu buga littattafai da jami'an ilimi, gwamnati ta karɓe rubuta manyan littattafan firamare. Zuwa shekarun 1930, sojoji sun tarar da makaranta a shirye take ta zama wurin cusa aƙidar yaƙi.

Ta fuskar yawan ɗalibai, Mori bai ga nasara da idonsa ba. A zamaninsa rajista ba ta wuce rabi ba, har ma ta ɗan ja baya, domin kuɗin makaranta da ya dogara da shi ya kori 'ya'yan talakawa. Sauyin ya zo ne bayan gwamnatin tsakiya ta soma sa hannu a albashin malamai, aka ware wani kaso na diyyar yaƙin da Japan ta karɓa daga Sin domin asusun ilimi, sannan a 1900 aka soke kuɗin makaranta a firamare ta dole. Cikin 'yan shekaru rajista ta haura kashi 90 cikin 100, kuma a 1907 aka tsawaita karatun dole zuwa shekara shida. Lokacin da yaran suka kwararo, kwalejojin larduna sun riga sun shafe fiye da shekara goma suna yaye malamai a kan tsari guda, saboda haka an sami waɗanda za su tsaya a gaban allo.

Bayan shan kaye a yaƙi, dokokin 1947 suka sauya matakalar zuwa tsarin 6-3-3-4, irin wanda Najeriya ta ɗauka daga baya, tare da karatun dole na shekara tara. A 1948 majalisar dokoki ta soke sanarwar Sarki ta 1890. A 1949 aka narkar da kwalejojin malamai cikin sabbin jami'o'i, bisa sukar cewa sun yaye malamai masu bin umarni ido rufe. Tantance littattafai a ma'aikata ya dawo, kuma yana nan har yau. Fifikon da Mori ya bai wa malami shi ma bai gushe ba: wata doka ta 1974 ta wajabta a fifita albashin malaman makarantun dole a kan na sauran ma'aikatan gwamnati, kuma a yau gwamnatin tsakiya ce ke biyan kashi ɗaya bisa uku na albashin, larduna da manyan birane su cika sauran, domin kada ingancin malamin yaro ya rataya a kan arzikin ƙauyensu. Wannan shi ne ɓangaren da Mori bai samu kuɗin yi ba a 1886.